Ka san Ka-fi-gwamna, amma ka san Umar Malumfashi?

 Wannan watan ban zo da zancen wace jaruma ce za ta shige daga ciki ba, ko wane jarumi ne ya sauya mota, don haka masu jiran irin wannan sai su yi mani haƙuri. Da tambaya zan fara, kuma ina so kowa ya amsa wa kan sa tsakani da Allah.

In na ce maka Umar Yahaya Malumfashi, wa ya faɗo maka a rai? Na san da yawan ku za su ce ko wani ɗan majalisa ne, ko tsohon ciyaman. To in na ce Bankaura fa? Yayyen mu da iyayen mu sun riga sun yi murmushi. In kuwa na ce Yakubu Ka-fi-gwamna na cikin 'Kwana Casa'in', to har ƙannen mu da ke leƙen wayar mutane a bakin shago sun gane wanda na ke nufi. Duk mutum ɗaya ne. Allah ya yi masa rasuwa a Kano ranar Talata, 27 ga Satumba, 2022, kuma da labarin ya bazu sai da aka riƙa haɗawa da "Ka-fi-gwamna" ko "Bankaura" kafin jama'a su ce innalillahi. Sunan da mahaifin sa ya raɗa masa bai wadatar a gane shi ba. Allah ya jiƙan sa, ya sa ya huta.

Mu nan Pauwa mu na da ƙarin dalilin jin wannan rashi, domin Malumfashi maƙwabtan mu ne, ƙaramar hukumar su ta yi iyaka da tamu ta Ƙanƙara. Ba kullum ba ne za ka kunna talbijin ka ga mutumin yankin ka ya na tsaye kafaɗa da kafaɗa da manyan 'yan wasan Kano da Jos, har ma ya na neman danne su a sin. Amma ba don shiyyanci na ɗauko zancen sa ba. Na ɗauko ne saboda rayuwar sa a harkar fim ita ce rayuwar wani rukuni guda na 'yan wasa waɗanda kullum mu ke kallo, kullum kuma mu ke mantawa da su.

Su ne masu fitowa a uba, ko kawu, ko maigari, ko alƙali, ko ɗan sanda, ko boka. A ɓangaren mata kuma uwar miji, da gwaggo, da dillaliya, da muguwar kishiyar uwa. Ba su rawa, ba a bin su da fure a lambu, ba a sa hoton su a fasta sai dai can a lungu, ƙarami kamar na katin zaɓe. Amma don Allah ka zauna ka tuna duk wani fim ɗin soyayya da ya taɓa sa ka ƙwalla. Yaro ya ga yarinya, yarinya ta ga yaro, sun yi waƙa ɗaya. To sai me? In ba wanda ya ce "ban yarda ba", ai fim ya ƙare a minti goma sha biyar, kowa ya kama gaban sa. Wannan mai cewa bai yarda ba ɗin, shi ke riƙe da labarin gaba ɗaya. In ya faɗa da sanyin jiki kamar mai neman bashi, ba wanda zai ji tsoron komai, kukan jarumar ma sai ya zama abin dariya. In kuwa ya faɗa ka ji gaban ka ya faɗi, to furodusa ya ci kasuwa, sai dai jarumi da jaruma za a yaba.

Masu kallon Indiya sun fi kowa sanin haka. Ɗauki 'Dilwale Dulhania Le Jayenge' na 1995. Kowa Shah Rukh Khan da Kajol ya ke ambata, to amma a ƙarshen fim ɗin, a tashar jirgin ƙasa, hannun wa duk mu ka zura wa ido? Hannun uban ne, Amrish Puri, ko zai saki 'yar sa ko ba zai saki ba. Shi ɗin ma har ya rasu a 2005 Hausawa da dama da Mugambo su ka san shi, saboda rol ɗin da ya yi a 'Mr India' a 1987. Haka Amjad Khan ya zama Gabbar Singh tun daga 'Sholay' na 1975 har ya koma ga Allah. Ashe cutar ba tamu ba ce mu kaɗai. Bambancin kawai, su can sunan su na fitowa ɓaro-ɓaro a farkon fim, kuma aljihun su ya san sun yi aiki.

Mu da mu ka taso a ƙarshen zamanin sidi mu na ɗauka kamar harkar ta fara ne da rawa da waƙa. Ina! Kafin a san kaset ɗin bidiyo, wasan kwaikwayo na gidajen rediyo da talbijin ne ke tashe, irin su NTA Kaduna da CTV 67 ta Kano, ga kuma ƙungiyoyin wasan daɓe a kusan kowane babban gari. A wancan lokacin ba kyawun fuska ake nema ba, hali ake nema. Ka ɗauki halin wani mutum da kowa ya sani a unguwa, ka sa shi kamar riga, har a manta da kai. Shi ya sa Usman Baba Pategi, wanda tsohon soja ne na gaske, ya zama Samanja Mazan Fama har ya rasu a Nuwamba 2023. Shi ya sa Ƙasimu Yero na Zariya, wanda ya rasu a 2017, ya ke Karambana a wurin Hausawa, ya ke kuma Uncle Gaga a wurin masu kallon 'Cock Crow at Dawn'. Abdullahi Shu'aibu na Jos kuwa ya zama Karkuzu. Hatta 'Turmin Danya' na 1990, wanda ake lissafawa a matsayin fim ɗin bidiyo na Hausa na farko, ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa ce ta yi shi. Irin wannan tarbiyyar wasa ce za ka gani a jikin Bankaura da sa'o'in sa: murya a buɗe, magana a nutse, kuma ba a jiran darakta ya ce maka ga yadda za ka ɗaga gira.

Sai kasuwa ta juya. Daga 'Sangaya' a 1999 da 'Wasila' a 2000, abin da ke sayar da kaset ya koma waƙa da sabuwar fuska. Dilolin Ƙofar Wambai ba su tambayar wa ya fito a uba. Wa ke kan fasta, waƙa nawa ce a ciki, shi ke nan. Ban ga laifin su ba, ɗan kasuwa abin da zai fita ya ke saye. Amma abin da hakan ya haifar shi ne aka tattara dattawan nan aka zaunar da su a falo. A zahiri fa, ba habaici ba. Duk wanda ya taɓa leƙa lokeshin ya san yadda ake yi: za a ari falon wani Alhaji na yini guda, a kira baba da mama, a jera duk sina-sinan su a ɗauke a ranar. Baba ya sauya hula da babbar riga sau huɗu, ya yi faɗa, ya yi nasiha, ya tsine, ya yafe, duk kafin la'asar. Wani lokacin ma bai san farkon labarin ba balle ƙarshen sa, a nan take ake gaya masa, "Baba, 'yar ka ce ta kawo talaka, ka ƙi." Ya kuma ƙi ɗin, ƙin da za ka rantse ya shekara ya na tafasa a cikin sa. Wallahi wannan gwaninta ce, ko da kuwa ba a ba ta suna ba. Da yamma a sallame shi gwargwadon yawan fitowar sa, jarumi kuma ya ci gaba da kwanakin sa a otal.

Wannan sallama ita ce ta tayar da ƙura a watan Fabrairu 2022, lokacin da Hajiya Ladin Cima, wadda iyayen mu su ka sani da Tambaya, ta yi hira da BBC Hausa a shirin 'Daga Bakin Mai Ita'. Ta ce abin da ake ba ta a fim bai wuce naira dubu biyu zuwa dubu biyar ba. Kai jama'a, industiri ta ɗauki zafi! Ali Nuhu da Falalu Ɗorayi su ka fito su ka ce su dai sun biya ta fiye da haka nesa ba kusa ba a ayyukan su. Naziru Sarkin Waƙa ya goyi bayan ta, ya yi wa 'yan fim tatas, daga baya ya ba ta kyautar naira miliyan biyu. Aka yi makonni ana jifar juna a Instagram da Facebook, masoya su ka rabu gida biyu kamar ranar wasan Madrid da Barcelona.

Ni a nawa ganin, ba lallai ne a ce wani ya yi ƙarya a cikin su ba. Babban furodusa zai iya biyan ta da kyau a aikin sa, sau ɗaya ko sau biyu a shekara. Sauran watannin fa? Ƙananan furodusoshi ne ke kiran ta, masu harhaɗa kuɗin fim da kyar, su ba ta na mota su haɗa da "Allah ya saka da alheri, Mama". Tsohuwa kuma ba za ta tsaya ciniki da ɗan cikin ta ba, kunya ba za ta bar ta ba. A nan gizo ke saƙar. Jarumi na da farashi, kowa ya san shi, in ba ka da shi kada ma ka buga masa waya. Dattijo kuwa sai "abin da ya samu". Kuma tunda ba a rubuta komai a takarda ba, ranar da rigima ta tashi ba mai abin nunawa, sai rantse-rantse.

Abin da ke biyo baya kuma mun sha gani. Sani Garba SK ya daɗe ya na jinya, ana ta neman masa taimako, kafin ya rasu a Disamba 2021. Baba Karkuzu, mutumin da ya ba iyayen mu dariya tun kafin a haife mu, sai da ya fito a bidiyo a 2023 ya na neman a taimaka masa da wurin zama, har ɗan ƙwallon nan Ahmed Musa ya saya masa gida. Ya rasu a Maris 2025. Allah ya saka wa Ahmed Musa da alheri, amma ni kam na ji kunya a matsayi na na mai bibiyar harkar nan. Ɗan ƙwallo ne fa ya share hawayen ɗan fim. Ba mamaki da ya sa da yawa daga cikin na da ba su taɓa sakin aikin su na albashi da wuri ba. Shi kan sa Rabilu Musa Ibro ya yi shekaru ya na aikin gandiroba, Saratu Giɗaɗo kuma malamar makaranta ce kafin ta shigo fim.

To amma kada in cika ku da baƙin labari, domin akwai inda abin ya yi daɗi, kuma a nan ne Bankaura ya ci ribar haƙurin sa.

Da kasuwar sidi ta mutu, mutane da yawa sun ɗauka an gama. Sai ga tashar Arewa24 ta buɗe a 2014, ta kawo 'Daɗin Kowa', wanda har ya ci kyautar AMVCA a 2016, sannan a 2019 ta kawo 'Kwana Casa'in' a ƙarƙashin darakta Salisu T. Balarabe. Shiri mai dogon zango ba irin fim ɗin awa biyu ba ne. Ba za ka cika mako goma sha uku da rawa a lambu ba, dole sai ka gina gari guda da mutanen sa, kowa da halin sa da abin da ya ke nema. Nan take aka koma neman irin mutanen da aka ajiye a falo. Dubi 'Kwana Casa'in' da kyau: labarin siyasar wata jiha ce ta ƙirƙira mai suna Alfawa, kuma ginshiƙan sa ba samari ba ne. Sani Mu'azu ne Gwamna Bawa Maikada, Ado Ahmad Gidan Dabino ne Malam Adamu, ga kuma Umar Malumfashi a matsayin Yakubu Ka-fi-gwamna.

Sunan kaɗai ya gama bayani. Duk ɗan Nijeriya ya san irin mutumin: ba ya kan fastar zaɓe, ba a rantsar da shi, amma ba a yin komai sai an je gidan sa da dare. Kowace jiha da nata, kowace ƙaramar hukuma ma da nata ƙarami, kada ku sa in kama suna. Haɗarin irin wannan rol shi ne ɗan wasa ya mayar da shi bos ɗin Indiya, ya yi ta zare ido da daka tsawa da dariyar mugunta. Malumfashi bai bi ta nan ba. Abin da ya burge ni da wasan sa shi ne ya gane cewa mai iko na gaske ba ya gaggawa. Zai zauna ya baje riga, ya yi magana kamar ana hirar farashin masara, amma kai mai kallo ka san an gama da wani. Ga kuma ɗan barkwancin nan da ya taho da shi tun zamanin Bankaura, wanda ke sa ka yi dariya, sai daga baya ka tambayi kan ka, wai me na ke wa dariya, mutumin nan fa mugu ne. Wannan ba a koyon sa a wata shida. Shekaru ne na fitowa a sin biyu, sin uku, a finafinan da shi kan sa ba zai iya lissafa su ba, su ka taru su ka ba da wannan.

Ka lura da wani abin mamaki: a cikin shirin ya fito a mutumin da ba ya kan fasta amma shi ke juya komai. To ai aikin da ya yi wa finafinan Hausa ke nan tsawon rayuwar sa.

Mu a nan shirin ya fi zuwa mana ta waya, ta hannun masu tura finafinai, don ba kowane gida ke da tauraron ɗan'adam ba, wutar ma sai a hankali. Ko a ƙarshen 2021, da gwamnati ta rufe layukan waya a Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa da wasu ƙananan hukumomi saboda matsalar tsaro, abin da ke cikin memori ne ya riƙa ɗebe wa mutane kewa, ana kallo ana maimaitawa. Kuma in ka saurari hirar majalisa bayan an kalla, ba a cika tsayawa kan wa ya fi kyau ba. Ka-fi-gwamna ake zagi, ana kwaikwayon maganar sa, ana laƙaba wa wani ɗan siyasar gari sunan a ɓoye. Ɗan wasan da aka ɗauki sunan rol ɗin sa aka mayar da shi baƙar magana a kasuwa, ai ya gama cin jarrabawa.

Ba shi kaɗai ba ne ya samu wannan dama. Rabi'u Rikadawa ya daɗe ana damawa da shi, amma Baba Ɗan Audu na cikin 'Labarina' na Aminu Saira ya sa yaran da ba su san tsofaffin finafinan sa ba su ka haddace shi. Mato Yakubu ya zama Malam Nata'ala a 'Daɗin Kowa'. Ita kuwa Saratu Giɗaɗo, Daso, tun 'Linzami Da Wuta' a 2000 ta kama layin masifaffiyar mace ta riƙe shi gam, har ta rasu ranar 9 ga Afrilu, 2024, ana gobe Sallah. Ka ƙirga jarumai mata nawa su ka yi tashe su ka ɓace a cikin waɗannan shekaru 24, ita ta na nan ana kiran ta aiki.

Wannan lissafin na ke so ƙannen mu masu sha'awar shiga fim su yi. Kusan duk wanda ya tare ni da zancen, daga Ƙanƙara har Funtuwa, abu ɗaya ya ke so: ya zama jarumi, a ɗauke shi a mota ana waƙa. Ba wanda ya taɓa ce mani ya na so ya fito a direba ko maigadi. Alhali kujerar jarumi ba ta da yawa, kuma ta na da wa'adi, da tumbi ya fara fitowa ko furfura ta leƙo sai a nemi wani. Mai wasan hali kuwa tsufa jari ne a wurin sa. In kai mai iya kwaikwayon maganar mai unguwar ku ne, ko tafiyar dillalin shanu a ranar kasuwa, har abokai su riƙe ciki, to ka na da abin da daraktoci ke nema ido rufe, kada ka raina shi don ba ka da gashin Indiya. Amma ka riƙe sana'ar ka ko karatun ka da hannu biyu, ka ji dai abin da Mama Tambaya ta faɗa.

Su kuma furodusoshi da shugabannin MOPPAN, roƙo na ba mai tsada ba ne. A rubuta cikakken sunan ɗan wasa tare da sunan rol ɗin sa a farkon shiri, a bar shi ya daɗe a allo yadda mai karatu a hankali zai iya karantawa, ba a jero su a ƙarshe su na gudu kamar an biyo su ba. A yanke mafi ƙarancin abin da za a ba dattijo a yini, a rubuta, kowa ya sa hannu, don a raba shi da jin kunyar ciniki. Masu shirya bikin ba da kyaututtuka su ma su duba. A Amurka tun 1937 aka ware wa mataimakin jarumi kyautar Oscar tasa daban, kuma wanda ya fara ci, Walter Brennan, sau uku ya na ɗauka, mutumin da ya yi suna da fitowa a tsoho. Mu a nan sau da yawa in an ce mataimakin jarumi, sai ka ga an miƙa wa abokin jarumi, wani saurayin da shi ma jarumi ne a wani fim ɗin, baba kuma na zaune a layin baya ya na tafi.

Wata mai zuwa in Allah ya kai mu zan waiwayi iyaye mata, tun daga Hajiya Amina Garba, Mama Dumba, wadda ta rasu a 2010, har zuwa waɗanda ke riƙe da fagen a yau. Kafin nan, duk wanda ke da tsohon kaset ko sidi da Bankaura ya fito a ciki, ya rubuto mana sunan fim ɗin da rol ɗin da ya fi burge shi, za mu buga a shafin wasiƙu. Mutanen Malumfashi, ku na fi jira.